Ƙashin Maƙogwaron Genzo

Ranar da aka ji cewa an sayar da filin besbol ɗinmu, wasan nan na jifan ƙwallo da bugu da kulki, wai za a jera farantan sola a kansa, tsofaffin 'yan wasa sun taru a bakin tashar jiragen kamun kifi suna ta jan hanci kamar masu mura. Mutum ɗaya ce a duk garin nan ta ji labarin ta ajiye kofin shayinta ta ce, "Yauwa." Ba kowa ba ce kuwa illa Kinuyo, matar marigayi Genzo Kuramochi, mutumin da ya kafa ƙungiyar besbol ta Masunta. Mutum-mutuminsa na tagulla ne yake tsaye a gefen filin, baki buɗe, tafin hannu a gefen baki, yana ƙwala wa yaran da yanzu duk sun yi furfura kira.

Kada wani ya yi saurin cewa tsohuwar ba ta da zuciya. Akwai abinta a ƙarƙashin tagullar nan, kuma ta daɗe tana jiran ranar da za a ɗaga ta.

Genzo ma'aikacin kamfanin kifin gwangwani ne. Shi ya tara 'ya'yan masunta tun lokacin da wannan lungu namu na arewacin Japan ba shi da komai sai kifi da sanyi. Suka tsince duwatsun fegin da ke bayan tasha, suka yi ta jigilar baƙar ƙasa daga gindin dutse a amalanke har wuri ya zama fili. Ba a tuna shi da iya jifa ko iya bugu. Muryarsa ake tunawa. In ya ce "A sake!" har matan da ke feɗe kifi a kasuwa sai sun ɗaga kai. Yaro ya zubar da ƙwallo, a sake. Ya cafke da kyau, nan ma a sake.

A wancan zamani an yarda cewa shan ruwa lokacin atisaye yana kashe wa ɗan wasa jiki. Shirme ne, yanzu kowa ya sani, amma a lokacin doka ce. Genzo ya hana yaran, shi ma kuma bai taɓa kurɓa ba, ya wuni yana ihu a rana da maƙogwaro busasshe. Kafin ya iso gida da yamma murya ta dishe. Sai nuni: ya nuna butar shayi, ya nuna ɗakin wanka, ya gyaɗa kai. Kinuyo ta auri mutumin da duk gari ya ƙoshi da muryarsa, ita kaɗai ce ba ta samu rabonta ba. Abin ya yi mata ciwo ƙwarai, amma ta haɗiye, tana jiran ranar da zai bar horarwa su zauna a baranda su yi hira kamar sauran tsofaffi. Bai bari ba. A filin ya faɗi wata safiya, da manjagara a hannunsa.

Duk shekarun nan ita ce mai wankin riguna, ita ce mai dunƙulen shinkafar da ake miƙawa ta saman shingen waya. Ta tsani baƙar ƙasar nan kamar me, don ba ta fita daga gwiwar wando sai an ci wuya. Ga kuma al'adar 'yan wasa, duk ranar da aka fitar da su daga gasa sai su durƙusa suna kuka su kwaso ƙasar filin da aka ci su su cika jakunkunan takalma. Washegari ita za ta zazzage jakunkunan a bayan gida tana mita. Filin kuwa ba ta taɓa taka shi ba. Da farko mata ba sa shiga, daga baya da aka sassauta ita ce ta ce ba ta so.

Ranar da aka ƙone gawar Genzo, dangi suka kewaye tiren tokar suna tsintar ƙasusuwa da tsinke, mutum biyu-biyu, daga ƙafa zuwa kai, suna sawa a tulu. Na ƙarshe shi ne ɗan ƙashin maƙogwaro, wanda ake cewa ya yi kama da mutum zaune yana addu'a. Ita da 'yarta Chizuru suka ɗaga shi. Kafin su sa a tulu sai ga kyaftin ɗin ƙungiyar, Orihara, ya zube ya kafa goshi a ƙasa, sauran 'yan wasa suka zube a bayansa. Wai a ba su wannan ƙashi kaɗai, za su yi wa Koci mutum-mutumi su ajiye shi a ƙarƙashi, don muryarsa ta zauna a fili.

Mu dai a garin nan mun iya roƙon da ba a iya ƙi. Ƙarti cike da ɗaki, goshi a ƙasa, dangin miji sun zuba mata ido. Me za ta ce? Ta ce to.

Yanzu ta haura tamanin, kuma wani abu ya kama ta a hanta. Likita ya ja Chizuru gefe ya yi mata magana a hankali, ya manta cewa tsohuwar ta yi rayuwarta duka tana karanta fuskar mutumin da ba ya magana. Ba ta tambayi kowa komai ba. Suna dawowa gida ta ce a nemo mata ɗan akwatin katako da farin ƙyallen siliki.

Chizuru ta ce, "Mama, ƙashi ne fa ɗan mitsitsi. Limamin haikali ma ya ce babu laifi a raba."

"Limamin haikali bai zauna da ubanki ba."

"To ai sauran duk suna kabarin gida."

"Sauran. In an ajiye tuluna kusa da nasa, da me zai yi mini magana? Da haƙarƙari?" Ta gyara zaman hoton Genzo a kan teburin tunawa da mamata, inda take ajiye masa shinkafa kowace safiya. "Ya yi mini shiru a duniya, na haƙura. Ba zan je can ma in tarar da shi yana nuna mini buta ba."

Chizuru ta buɗe baki za ta yi dariya, sai ta ga uwar ba wasa take ba.

Ba a daɗe ba sai ga Orihara da kansa, da kwalin alewa a hannu. Ya yi ritaya daga kamfanin ƙanƙara, gwiwoyi sun ci amanarsa, shi ne kuma shugaban tsofaffin 'yan wasa. Ya tsaya a bakin ƙofa yana ta rusunawa.

Kinuyo ta ce, "Shigo, Acici. Ka bar sunkuye-sunkuyen nan kafin bayanka ya ƙi miƙewa, ba ni da ƙarfin ɗaga ka."

"Ashe Uwargida ba a manta da sunan nan ba."

"Ina zan manta? Kai ka koya mini ɓoye tukunya."

Ya fara zuwa gaban hoton ya kunna turaren tsinke ya gai da kocinsa, sannan ya juyo ya faɗi abin da ya kawo shi. Yara sun yi ƙaranci, ƙungiya ba ta iya cika 'yan wasa, fili kuma ya tafi. Za a ɗauke mutum-mutumin a kafa shi gaban zauren taron gari, tare da ɗan tulun da ke ƙarƙashinsa. Suna roƙon ta halarta.

Ta ce, "Tagullar taku ce. Ku kai ta inda kuka ga dama, ko a kan jirgi ku ɗaure ta ta riƙa kore muku tsuntsaye. Tulun nawa ne. Aro na ba ku."

Orihara ya murza hularsa. Can ya ce, "Uwargida, in aka raba Koci da ƙashin nan, ƙarfe ne kawai zai rage mana."

"Ni kuma me ya rage mini? Kun same shi da rai, kun same shi a mace. Orihara, dube ni da kyau. Ba zan ga narkewar ƙanƙarar bana ba."

Ya dube ta kuwa, ya ga yadda wuyan rigar ya yi mata yawa, ya ga launin idonta. Sai ya kafa goshi a tabarma kamar wancan karon, ya daɗe bai ɗago ba. Ya ce, "Za a mayar miki. Da hannuna zan miƙa miki."

Ranar ɗagawa ta faɗo da safiyar kaka, sama garau, iska tana kaɗowa daga teku da ƙarnin kifi. Tsofaffin 'yan wasa sun zo da hulunansu na dā, wasu da sanda, ɗaya a keken guragu. Kowanne ya iso farin layin da ke bakin fili sai ya cire hula ya rusuna kafin ya taka. Kinuyo ta iso riƙe da hannun Chizuru, akwatin katako a ƙirjinta. Ta kalli layin, ta tsallake shi ba tare da ta sunkuya ba. Ƙasar ta fi yadda take zato laushi, takalminta yana ɗan nutsewa.

Ba ta taɓa ganin mutum-mutumin kusa haka ba. Ranar da aka yaye masa farin ƙyalle ma daga bayan shinge ta tsaya. Tagullar ta yi kore a kafaɗu, amma jijiyoyin wuya suna nan a miƙe, har haƙoransa na ƙasa da suka hau juna maƙerin bai manta ba. Shi ne sak. Sai dai fuskar da ba ta taɓa shigowa gidanta ba ce, kuma ganinta ya sa ta ji wani ɗaci da ba ta shirya masa ba.

Kafin a fara aiki, tsofaffin suka yi layi. Wani ya kawo bokiti da ludayin gora. Orihara ya ɗebi ruwa ya tsiyaya a gindin dutsen da mutum-mutumin yake kai, daidai wata 'yar tsaga tsakanin dutse da ƙasa, ya ce, "Sha, Koci." Na bayansa ya karɓa ya yi haka, na bayansa ma haka.

Kinuyo ta ce, "Wannan kuma mene ne?"

Orihara ya yi murmushi, da ɗan alfahari. "Al'adarmu ce, Uwargida. Ai bai taɓa shan ruwa a filin nan ba, muna kallo leɓensa yana tsagewa. Tunda aka kafa shi muka ce yanzu kam zai sha. Duk wanda zai yi atisaye, babba ko yaro, sai ya ba Koci ludayi ɗaya. Rani da sanyi, ba mu taɓa fashi ba."

Ta ce, "Lallai," zuciyarta ta ɗan yi sanyi a kansu.

Aka naɗe tagullar da barguna, aka ɗaura mata igiyoyi. Motar ɗaga kaya ta yi gurnani, Genzo ya tashi sama yana juyawa a hankali, baki buɗe, har aka kwantar da shi a bayan babbar mota. Sannan aka ɗaga dutsen. Ƙarƙashinsa akwai wani falalen siminti da ya rufe ramin, ya tsage gida biyu. Orihara ya hana kowa taɓawa. Ya durƙusa da ƙyar, gwiwa tana ƙara, ya janye gutsattsarin da hannunsa.

Ramin cike yake da baƙin taɓo, jiƙe sharkaf da ruwan da aka zuba yanzu.

Ya tura hannu. Ya fito da wani farin ɓallin tangaran. Ya sake turawa ya fito da wani, sannan murfin, shi ma rabi. Ya fara laluben taɓon da yatsu a hankali, yana murzawa, yana dubawa, yana ajiyewa gefe. Ya kai hannu har gwiwar hannu, ya bi kowace kusurwa. Abin da ya samu bai wuce wasu fararen ɗige-ɗige a cikin baƙar ƙasa ba, kamar gishirin da ya zube, in ya taɓa sai su narke a yatsansa.

Mai tuƙa motar ya leƙo, ba ɗan garin nan ba ne, bai san kowa ba. Ya ce, "Ruwa ne ya shiga. In ya daskare da sanyi sai ya fasa tulu, ko dutse ma fasawa yake. Wannan ai ya daɗe da fashewa." Ya ga yadda aka yi tsit, sai ya cire hularsa ya ja da baya.

Orihara ya juya ya kalli bokitin, ya kalli ludayin da ke kan bakinsa. Duk tsofaffin suka bi shi da kallo. Babu wanda ya buƙaci a yi masa bayani. Shekara da shekaru, ludayi bayan ludayi, da hannunsu da ƙaunarsu suka narkar da shi.

Ya ce, "Uwargida." Ya kifa goshi a cikin taɓon.

Kinuyo tana tsaye da akwatinta a buɗe, farin siliki a shimfiɗe a ciki. Ta so ta yi fushi. Ta neme shi a ƙirjinta, fushin nan da ta yi ta tarawa tun tana amarya, wanda ta tabbata yau zai yi mata amfani. Ba ta same shi ba. Wa za ta zaga? Mutanen da suka ga leɓen mijinta ya tsage suka kasa mantawa? Baƙin ciki ne kawai ya sauko mata, mai nauyi. Ba za ta kai masa muryarsa ba. Za ta je ta tarar da shi kamar yadda ta saba.

Chizuru ta riƙe ta. "Mama, mu tafi gida."

"Sake ni."

Ta zare hannunta daga na 'yarta, ta dafa kafaɗar Orihara ta sauka a kan gwiwoyinta a bakin ramin. Ta kalli fararen ɗige-ɗigen, ta kalli inda ruwan ya yi 'yar hanya ya fita ta ƙarƙashin siminti ya shige cikin fili. Ta ce, "Har ina ya kai?"

Filin yana shimfiɗe baƙi ƙirin har shingen can nesa.

Ta rufe akwatin ta ajiye gefe, don ta ga ya yi kaɗan. "Acici, ɗago kanka, ka ɓata fuska kamar ɗan yaye. Akwai mai jakar takalma a cikinku?"

Akwai mana, tsofaffin nan ba sa zuwa fili ba tare da ita ba. Orihara ya zazzage tasa ya miƙa mata. Ta juya ta a hannu, ta gane ɗinkin da ke bakin igiyar. Nata ne.

Ta ce, "Na sha zubar da ita, amma ban taɓa ganin yadda kuke ɗiba ba. Yaya ake yi?"

Ya share fuska da bayan hannu, ya ƙara shafa wa fuskar taɓo. "Da hannu biyu, Uwargida. A jawo ta gaban gwiwa. Kai a sunkuye, ba a kallon kowa."

"Kukan fa, dole ne?"

"Shi yake zuwa da kansa."

Haka kuwa aka yi. Ta jawo baƙar ƙasar da hannu biyu, ta shiga ƙarƙashin faratanta, ta ɓata mata gwiwar zane irin ɓacin da ta san ba ya fita. Ta kwashe ta cikin ramin duka, ta kwashi ta gefensa, tana zubawa a jaka, hawaye suna ɗiga a kan hannunta. Wani ya matso zai taya ta, Orihara ya tare shi da hannu. Wanda aka ci shi ke ɗibar ƙasarsa.

Da jakar ta cika ta ja igiyar ta ɗaure. Chizuru ta ɗaga ta tsaye, ta nemi ta karɓi jakar, tsohuwar ta rungume abarta a ƙirji ta ƙi saki. Suka taka a hankali har suka tsallake farin layin.

A bayansu tsofaffin suka jeru a kan layin, suka fuskanci fili, kamar yadda ake yi a ƙarshen kowane wasa. Na keken guragu ma aka turo shi. Orihara ya ja numfashi ya ba da umarni, suka cire huluna suka rusuna, suka haɗa baki suka gode wa filin.

"Mun gode!"

Kinuyo ta tsaya cak. Muryoyin tsofaffi ne, sun dishe, suna karyewa a tsakiya. Amma yadda suka taso da kalmar daga can ƙasan maƙogwaro, da yadda suka datse ƙarshenta kamar an sare da wuƙa, ba nasu ba ne. A wurin mutum ɗaya suka koya. Wannan ce muryar da take jiyowa daga nesa tana shanya riguna, wadda ba ta taɓa biyo mai ita gida ba. Ga ta nan a wuyan mutanen da ba za ta iya sawa a tulu ba, kuma su ma saura ƙiris su bi shi.

Ta juyo da jakar a ƙirji. Sun ɗago suna mayar da huluna, suna ta jan hanci. Ba ta ɗaga murya ba, ba ta ma da ƙarfin ɗagawa.

Ta ce, "A sake."

Orihara ya dube ta. Sannan ya cire hular, sauran suka cire tasu, suka sake juyawa suka fuskanci filin.